Kundin Aikin Ceto Finafinan Majigi na Tsohuwar Jihar Arewa

15 ga Janairu, 2024

Yau muka gama kwashe gwangwanayen fim daga tsohon sito zuwa ɗakin bincike, kuma daga yau zan riƙa rubuta yadda aikin yake tafiya, domin duk wanda ya gaje mu ya san abin da aka yi wa kowane naɗi da dalilin yin sa. Gwangwanayen sun haura ɗari uku. Mafi yawansu na fim mai faɗin milimita 16 ne, 'yan kaɗan kuma na milimita 35, kuma sun shafe shekaru da dama jibge a ƙasa cikin ɗaki mai rufin kwano, inda zafin bazara da laimar damina suka yi ta karɓa-karɓa a kansu har tsatsa ta liƙe murafen da yawa daga cikinsu.

Takardun da ke manne a jikinsu, waɗanda gara da yoyon ruwa suka bari, sun nuna cewa akasarinsu aikin sashen fim na gwamnatin Jihar Arewa ne da ke Kaduna, sai wasu na ma'aikatun yaɗa labarai da suka gaje shi bayan an ƙirƙiro jihohi a 1967. Tushen wannan sana'a ya koma ga sashen fim na mulkin mallaka da Ingila ta kafa a 1939 ƙarƙashin William Sellers, wani jami'in kiwon lafiya da ya fara haɗa finafinan wayar da kai a Legas. Daga can aka gaji tsarin da iyayenmu suka sani da majigi: mota ɗauke da injin haska hoto da janareta da lasifika ta shiga gari da la'asar, a kafa farin allo a ƙofar fada ko filin makaranta, bayan sallar isha'i jama'a su taru a nuna musu noman auduga, ko rigakafin agana, ko rangadin Firimiya.

Doka ta farko da na kafa wa abokan aikina ita ce babu naɗin da zai hau injin majigi, komai kyansa a ido. Tsohon fim yana tsukewa, hujojin da ke gefensa su daina dacewa da haƙoran injin, kuma cikin 'yan daƙiƙoƙi injin yana iya yayyaga abin da ya tsira shekara sittin. Kowane gwangwani ya sami lamba, an kuma ɗauki hoton murfinsa da takardarsa kafin a buɗe shi.

29 ga Janairu, 2024

Mun fara da na milimita 35 saboda su ne masu haɗari. Har zuwa farkon shekarun 1950 da sinadarin naitiret ake yin fim mai wannan faɗi, shi kuwa idan ya kama da wuta ruwa ba ya kashe shi, domin yana samar wa kansa iskar da yake ci da ita, hayaƙinsa kuma guba ne. Na milimita 16 ba shi da wannan matsala, tun da kamfanin Kodak ya fito da shi a 1923 ba a taɓa yin sa a kan naitiret ba. Mun bi rubutun da ke gefen kowane zare da madubin ƙara girma, tare da lura cewa wani lokaci alamar tana tsallakowa ne daga negatif, wato zaren asali da ake buga kwafe-kwafe daga gare shi, zuwa kwafi, ta yadda fim mara haɗari zai zo ɗauke da tambarin mai haɗari. Huɗu muka tabbatar na naitiret ne, kuma an kai su wani ƙaramin ɗaki da ke nesa da babban gini, wanda babu wayar lantarki a cikinsa.

19 ga Fabrairu, 2024

Tun ranar da muka buɗe gwangwani na farko warin tsami ya gaya mana irin cutar da muke fama da ita. Zaren asitet, wato sinadarin da aka yi sauran finafinan da ba na naitiret ba da shi, idan zafi da laima suka daɗe a kansa, yana rugujewa a hankali yana fitar da asid irin na ruwan khal, kuma asid ɗin da ya fita shi ke ƙara hanzarta rugujewar, har ya kai matakin da fim ke cin kansa da kansa. Daga nan sai zaren ya tsuke, ya murɗe, gefensa ya yi tudu da kwari, shafen jelatin da hoton ke zaune a kansa ya tattare ya rabu da gindinsa. Ba a warkar da wannan cuta, rage mata gudu kawai ake yi. Tururin kuma yana ratsa gwangwani ya kama na kusa da shi, wake ɗaya ne ke ɓata gari, shi ya sa raba masu ciwo da masu lafiya ya zama aikin gaggawa.

Hanci ba ya isa ya zama ma'auni, kuma shaƙar wannan tururi yana cutar da maƙogwaro da idanu, don haka muka yi amfani da 'yan takardun gwajin asid da wata cibiyar binciken adana hotuna da ke Rochester a Amurka ta ƙirƙiro. Ana saka guda a cikin gwangwani a rufe, a bar ta aƙalla kwana ɗaya, sai a duba launinta. Idan ta zauna shuɗiya fim yana lafiya, idan ta koma kore ciwo ya kama, idan ta zama rawaya ya yi nisa. Ma'aunin yana tashi daga 0 zuwa 3, kuma a 1.5 ne rugujewar take fara ciyar da kanta. Sakamakon da muka samu ya fi abin da na yi fata muni: waɗanda suka tsaya a shuɗi ba su kai kashi ɗaya cikin uku ba, kuma kusan duk naɗe-naɗen sauti masu shafen maganaɗisu sun koma rawaya, domin garin ƙarfen da ke jikinsu yana ƙara wa cutar sauri.

Ƙurar hunturu ta sa muka toshe tagogi da leda muka riƙa goge teburi da ɗanyen tsumma safe da yamma. Ƙwayar ƙura ɗaya da ta shiga tsakanin zare tana iya jan layi a kan hotuna ɗaruruwa yayin da ake juya naɗi.

12 ga Maris, 2024

An shiga azumi, zafi kuma ya fara tsananta, ma'aunin da ke ɗakin bincike yana kusantar digiri 38 da rana idan wuta ta ɗauke. A taron da muka yi kan yadda za a kashe ɗan kuɗin da ke hannu, yawancin mutane sun fi son a sayi na'urar sikanin fim, mai kwafe hotunan zare zuwa kwamfuta, nan take, saboda ita ce ake gani a ce aiki yana tafiya. Ni kuwa na tsaya a kan cewa sanyi ne farko. Binciken masana ya nuna sabon fim na asitet da aka ajiye a digiri 21 da laima kashi 50 cikin 100 yakan fara tsami cikin kimanin shekara arba'in zuwa hamsin, kuma duk lokacin da aka sauke zafin da 'yan digirori, wa'adin yana ninkuwa, har a wurin da ya daskare ya kai ɗaruruwan shekaru. Sikanin naɗi ɗari uku zai ɗauke mu shekaru, a cikin waɗannan shekarun kuwa na ƙarshen layi za su mutu suna jira idan ba a tsayar da ciwonsu ba.

An amince a ƙarshe. Za a sayi firiza manya guda uku da faifan sola da batura, domin sanyin da ke zuwa yana ɗaukewa yana da tasa illar: narkewa tana iya tara raɓa a jikin zare. Kowane naɗi za a sa shi cikin sabon gwangwani na roba mara tsatsa, a rufe shi a jakar leda ninki biyu tare da katin auna laima, kuma duk wanda za a fitar sai ya kwana a cikin jakarsa a ɗaki mai matsakaicin sanyi kafin a buɗe shi.

22 ga Afrilu, 2024

Bayan hutun ƙaramar Sallah mun koma kan teburi, kuma nan ne aikin yake cin lokaci. Ana ɗora naɗi a kan majuyi na hannu, a riƙa warware shi sannu a hankali a kan fitila, yatsu cikin safar auduga suna bin gefen zaren don su ji tsaga kafin ido ya gan ta. Tsofaffin mahaɗai da aka liƙa da siminti na fim sun bushe suna ɓallewa da kansu, waɗanda aka yi da salatif kuwa sun narke sun bar danƙo a kan hotuna. Ana gyara su ɗaya bayan ɗaya, ba tare da yanke ko firam guda, wato hoto ɗaya daga jerin da ke kan zare, ba. Muna kuma auna tsukewa, kuma duk wanda ya wuce kashi 1 cikin 100 ana yi masa jan tambari, alamar cewa na'ura mai haƙora ba za ta taɓa shi ba har abada.

Babbar wahalar da ba a zata ba ita ce abin da ke rubuce a murfi sau da yawa ba shi ne a ciki ba. An yi ta musayar gwangwanaye a tsawon shekaru, wasu kuma kalma ɗaya tak aka rubuta musu. Saboda haka sanin shekarar kowane fim ya zama bincike mai zaman kansa. Kodak ya riƙa buga wasu ƙananan alamomi a gefen zarensa, da'ira da murabba'i da alwatika, waɗanda ke nuna shekarar da aka ƙera shi, sai dai alamomin suna maimaita kansu bayan kowace shekara ashirin, kuma shekarar ƙera zare ba ita ce shekarar ɗaukar hoto ba, tunda yana iya kwana biyu a sito kafin ya shiga kyamara. Ragowar hujja daga cikin hoton take fitowa. Idan motoci suna bin hannun hagu, an ɗauka kafin 2 ga Afrilu, 1972, ranar da Najeriya ta koma hannun dama. Idan allon farashi a kasuwa ya nuna fam da sule, kafin Janairun 1973 ke nan da naira ta shigo. Tutar da ke saman ofishin lardi tana raba kafin 1 ga Oktoba, 1960 da bayanta, kakin 'yan dokan En'e kuma yana nuna ba a kai ƙarshen shekarun 1960 ba.

Wani naɗi da aka rubuta wa hawan daba kawai ya ba mu misali mai kyau. Kaduna ta ga manyan hawan daba a 1956 lokacin ziyarar Sarauniyar Ingila, da 1959 a bikin samun mulkin kai na Jihar Arewa, da 1977 a bikin al'adun baƙar fata. Fim ɗin fari da baƙi ne, Sardauna Ahmadu Bello yana cikinsa, don haka na ukun ya fita. Gwamnan da ke rumfa shi ya raba gardama, domin Sir Gawain Bell ne, wanda ya karɓi aiki a 1957 daga Sir Bryan Sharwood-Smith. Na 1959 ne.

20 ga Mayu, 2024

Na shafe makonnin nan a kan jerin naɗe-naɗen gyaɗa, kuma ina son in rubuta abin da na lura da shi game da idon da ya ɗauki waɗannan hotuna. Kyamarar ta gwamnati ce, abin da gwamnati take son a gani shi ta nuna: buhuna suna hawa dala a Kano, ma'aikacin hukumar ciniki yana duba ingancin ƙwaya, taragon jirgin ƙasa yana jiran lodi zuwa Legas. Ba ta nuna cewa dalar kanta shaida ce ta gazawar jirgin wajen kwashe amfanin da sauri ba, ba ta kuma tsaya a kan farashin da manomi ya karɓa ba. A takardar bayanin da ke tare da fim an ambaci sunan Bature mai kula da sito da muƙaminsa, amma 'yan dakon da ke hawa da buhu a ka, waɗanda su ne suka cika hoton daga farko har ƙarshe, babu sunan ko ɗaya.

Sellers da almajiransa sun yi imani cewa ɗan Afirka ba zai fahimci hoto mai saurin canzawa ba, don haka suka shimfiɗa ƙa'idar a kafa kyamara wuri ɗaya, a bar kowane abu ya daɗe a allo, a guji dabarun yanka. Wannan raini ne, kuma ban ga dalilin sassauta masa suna ba. Sai dai sakamakonsa a yau shi ne fuskoki suna tsayawa a gaban mai kallo har ya ƙare musu kallo, ya ga tsagar da ke kumatu, da ɗinkin riga, da yadda ake ɗinke bakin buhu da basilla, da yadda mutum biyu ke cilla wa na uku kaya a ka. Dalar gyaɗa ta ɓace tun shekarun 1970, bayan farin 1973 da cutar da ta afka wa gyaɗa a 1975, kuma wanda yake son ya ga yadda ake gina ta daga tushe zuwa ƙololuwa ba shi da inda zai duba sai irin wannan zare.

24 ga Yuni, 2024

Wannan shi ne mako mafi muhimmanci tun da aka fara aikin. Ta hanyar wani abokin aiki muka sami labarin wani dattijo da ya haura shekara tamanin, wanda a ƙuruciyarsa ya yi aikin sharhi a motar majigi. Na je gidansa da hotunan da muka ɗauka daga kan teburin fitila muka buga a takarda. Bayan gaisuwa na ce masa, “Baba, Allah ya ƙara maka lafiya, mun zo ne ka taimake mu da abin da takarda ba ta riƙe ba.” Ya karɓi hotunan ya sa tabarau, kuma kafin in gama bayani ya fara kiran sunaye. Ya bambance hakimi da ɗan sarki ta naɗin rawani, ya nuna mini 'yan lifidi da 'yan sulke na wace masarauta ce ta kayan dawakinsu, ya kuma ce wata kasuwa da muka rubuta a matsayin ta wani gari ba ta can ba ce, domin ya san bishiyar ɗorawar da ke bakinta da masallacin da ke bayanta.

Abin da ya fi girgiza ni shi ne bayaninsa game da sauti. Ya ce a yawancin dare rage muryar Turancin da ke jikin fim ake yi, shi ya riƙe makirufo ya yi magana a kai. Ana ba shi rubutaccen sharhi daga Kaduna, amma yakan sauya shi gwargwadon garin da aka sauka, ya sa karin magana inda ya ga jama'a sun fara gajiya, ya kira sunan mai gari don a natsu, a ƙasar da ba Hausa ake ji sosai ba kuma a nemo wanda zai sake juyawa. Ma'anar wannan ita ce majigin da mutanen Arewa suka ji da kunnuwansu ba a taɓa naɗe shi a kan zare ba. Hoton yana cikin gwangwanayenmu, muryar kuwa tana bakin irin waɗannan dattawa, kuma 'yan kaɗan ne suka rage.

Da na dawo na nemi a sauya tsarin aikin. Da farko mun shirya cewa waɗanda suka fi lalacewa su za a fara yi wa sikanin, kuma haka ka'ida ta tanada. Amma yanzu da firiza ke aiki, sanyi ya tsayar da ciwon waɗannan, za su iya jira. Dattawan ne ba su da abin da zai tsayar musu da lokaci. Saboda haka naɗe-naɗen da ke cike da fuskoki da wurare, na rangadi da kasuwanni da azuzuwan Yaƙi da Jahilci da bukukuwan naɗin sarauta, su za su shiga gaba, ko da lafiyarsu ƙalau, domin a kai wa masu iya gane su tun suna raye. Banda wannan ƙa'ida su ne 'yan kaɗan da shafen hotonsu ya riga ya fara ɓarewa.

29 ga Yuli, 2024

Na'urar sikanin da muka samu aro ta fara aiki. Ba ta da haƙora, da tayoyin roba take jan zare, kuma tana ɗaukar kowane firam a matsayin hoto mai zaman kansa, har da gefen zaren da hujojinsa da layin sauti, saboda alamomin da ke gefe hujja ne da bai kamata a yanke ba. Lissafin wurin ajiya yana da nauyi. Fim mai milimita 16 yana da firam 40 a kowace ƙafa, naɗi mai ƙafa 400 kuwa minti goma sha ɗaya ne kacal a gudun firam 24 cikin daƙiƙa, amma hotuna 16,000 ne, kuma a matakin kaifin hoto da ake kira 2K suna cin kusan gigabait 200. Muna ajiye kwafi uku na kowane aiki, biyu a rumbun kwamfuta, ɗaya a kaset na adana bayanan kwamfuta, wato LTO, da za a kai wani gari, kowanne da lambar tantancewa da za ta tona idan wani abu ya canza a cikinsa. Inda sauti yake jikin zaren ana tuna cewa yana gaban hotonsa da firam 26, sai a daidaita.

Finafinan launi sun kasu biyu. Waɗanda aka ɗauka a kan zaren Kodak mai suna Kodachrome suna nan da launinsu kamar ba su tsufa ba, jan alkyabba ja ne, shuɗin rini shuɗi ne. Kwafe-kwafen da aka buga a kan zaren Eastmancolor kuwa duk sun koma ruwan hoda, saboda rinin shuɗi da na rawaya sun kwaɗe sun bar na ja shi kaɗai.

A kan wannan ne muka yi doguwar muhawara da ƙaramin ma'aikacinmu, yaro mai hazaƙa da son aikin, wanda ya nuna mini yadda manhaja za ta iya goge kowane tabo, ta ƙara kaifin fuska, har ta sa wa fari da baƙi launi. Na fahimci niyyarsa, yana son matasa su kalla. Amma manhajar da ke ƙara kaifin fuska ƙirƙiro fuskar take yi daga abin da ta koya a wasu hotuna, kuma idan ta ba rawanin wani hakimi launin da bai taɓa naɗawa ba, mun sa ƙarya a cikin shaida, kuma bayan shekara ashirin babu mai iya raba ta da gaskiya. Matsayar da muka cim ma ita ce kwafin asali yana nan yadda ya fito daga na'ura, ba a taɓa shi. A kwafin kallo ana iya daidaita haske, a maido da launin da ya kwaɗe gwargwadon abin da ya rage a zaren, a cire ƙurar da ta hau daga baya, kuma a rubuta duk abin da aka yi. Aibin da ya fito daga kyamara tun ranar ɗauka yana cikin tarihin fim ɗin, a bar shi.

19 ga Agusta, 2024

Ruwa kusan kullum, laima a ɗakin bincike ta haura kashi 70 cikin 100. Funfuna ta bayyana a kan wasu naɗe-naɗe da ke jiran gyara, kuma tunda jelatin abincinta ne, inda ta ci hoto ba ya dawowa. An ware su, an goge su a waje da takunkumi a fuska, an kuma ƙara na'urar tsotse laima ta biyu. Daga yanzu ba za a fitar da abin da ya wuce aikin kwana biyu daga ɗakin sanyi ba sai damina ta wuce.

16 ga Satumba, 2024

Dole in rubuta asarar da aka tabbatar. Naɗi goma sha tara sun dunƙule sun zama curi guda, ba a iya warware ko taku ɗaya daga jikinsu, wasu kuma sun fara zama gari. A cikinsu akwai wanda takardarsa ta ce na aikin shimfiɗa layin dogo zuwa Maiduguri ne, wanda ya isa can a 1964, kuma na yi baƙin cikin wannan ƙwarai. Ba mu zubar da su ba. An rufe su daban an daskarar, domin dabarun da babu su yau suna iya samuwa gobe, an kuma shigar da duk abin da ke rubuce a jikinsu cikin kundi, saboda sanin cewa an taɓa yin fim a kan abu kaza shi ma ilimi ne, kuma da shi ake neman kwafi a wani wuri.

Neman ya fara. Yawancin finafinan wancan zamani a Landan ake wanke su a buga, shi ya sa ake samun kwafe-kwafen wasu a ma'ajiyar Cibiyar Fim ta Birtaniya da gidan tarihin yaƙi na can. Mun aika musu jerin sunaye, mun kuma aika wa ma'ajiyar fim da bidiyo da sauti ta ƙasa da ke Jos, ƙarƙashin Hukumar Fim ta Najeriya. Abin da ke ƙarfafa mini gwiwa shi ne labarin Shaihu Umar, fim ɗin da Adamu Halilu ya shirya a 1976, wanda aka daɗe ana ɗauka ya ɓata har aka gano zarensa a 2016, cibiyar Arsenal ta Balin ta taimaka aka gyara shi, aka nuna shi a bikin finafinai na birnin a 2018. Ra'ayina a kan irin wannan haɗin gwiwa a fili yake: ana maraba da shi, da sharaɗin cewa zaren asali ya zauna a gida, cikakken kwafi ya dawo gida, kuma a koya wa yaranmu aikin a nan.

28 ga Oktoba, 2024

Jiya ce ranar da UNESCO ta keɓe don tunawa da gadon sauti da hoto, wadda ta samo asali daga shawarar da ta zartar a ranar 27 ga Oktoba, 1980 kan kare hotuna masu motsi. Mun yi amfani da ita muka kai kwafin kallo na naɗi shida wani gari da ya fito a cikinsu, da izinin hakimi muka kafa allo a ƙofar gidansa bayan isha'i. Baba ya zo, aka ba shi makirufo, ya yi sharhi a kan fim ɗin auduga yadda yake yi a da, mu kuma muka naɗi muryarsa. Za a ajiye wannan sauti da kwanan watan jiya a matsayin abu mai zaman kansa, ba za a liƙa shi a jikin fim a ce na asali ne ba.

Mun sa ma'aikata biyu da littafi a ɓangaren maza, biyu mata a ɓangaren mata, kuma daga ɓangaren matan ne mafi yawan sabon bayani ya fito. A fim ɗin ajin Yaƙi da Jahilci wata tsohuwa ta gane malamar da ke riƙe da alli, ta faɗi gidan da aka yi ajin da unguwar, wasu biyu suka gaskata ta ba tare da sun ji abin da ta ce ba. Ƙa'idarmu ke nan: suna ba ya shiga kundi a matsayin tabbatacce sai mutum biyu da ba su yi shawara da juna ba sun faɗe shi, in ba haka ba a rubuta shi da alamar cewa faɗar mutum ɗaya ce, tare da wanda ya faɗa da ranar.

Akwai naɗin da ban yarda a nuna ba, na wani asibitin kutare, inda aka ɗauki marasa lafiya kusa-kusa ba tare da alamar an nemi yardarsu ba. 'Ya'yansu da jikokinsu suna raye. Za a adana shi kamar sauran, mai bincike na iya ganinsa a ɗakin karatu, amma ba zai hau intanet ba.

25 ga Nuwamba, 2024

Inda aka tsaya: duk gwangwanayen sun sami lamba da gwajin asid, kusan rabi sun bi ta teburin gyara, naɗi arba'in da ɗaya sun samu sikanin, kuma sunayen da aka tabbatar sun fara cika shafukan da a baya babu komai a cikinsu sai lambar gwangwani. Wa'adin aron na'urar zai ƙare a ƙarshen Janairu, don haka za a ƙara awannin aiki da dare lokacin da batura suke cike. Huɗun nan na naitiret har yanzu suna jiran a sami wurin da ya cancanci a kwafe su, kuma ban yarda a ɗauke su a motar haya ba.

Baba ya ba mu labarin wasu abokan aikinsa biyu da yake jin suna raye, ɗaya direban motar majigi a lardin Sakkwato, ɗaya mai gyaran inji a lardin Bauci. An buga hotuna daga naɗe-naɗen rangadin waɗannan larduna, an kuma sa su gaba a layin sikanin. Tafiyar Sakkwato za ta kasance a mako na biyu na Disamba, ta Bauci kuma da zarar an sami wanda ya san gidan.